MF DOOM, mawaƙin rap mai takunkumin ƙarfe

MF DOOM, wanda ainihin sunansa Daniel Dumile ne, mawaƙin rap ne kuma mai haɗa kiɗa. Yana sahun gaba cikin mawaƙan bayan fage, wato waɗanda ke fitar da waƙoƙinsu ba tare da jingina da manyan kamfanoni ko gidajen rediyo ba. An haife shi a birnin Landan a shekarar 1971. Mahaifiyarsa ƴar Tirinidad ce, mahaifinsa ɗan Zimbabuwe. Tun yana ƙarami iyalin suka koma Long Island a jihar New York ta Amurka, inda ya girma.

Ya fara waƙa da sunan Zev Love X a ƙungiyar KMD, wadda ya kafa tare da ƙanensa DJ Subroc. An fara jin muryarsa a 1989 cikin waƙar "The Gas Face" ta ƙungiyar 3rd Bass. Kamfanin Elektra ya ɗauke su, suka fitar da faifansu na farko, Mr. Hood, a 1991.

A watan Afrilu na 1993 mota ta kaɗe Subroc yana tsallaka babban titi, ya rasu, alhali suna gab da kammala faifai na biyu, Black Bastards. A 1994 Elektra ya ƙi fitar da faifan saboda zanen da ke bangonsa, na wani baƙar fata da aka rataye, sannan ya sallami ƙungiyar. Cikin ɗan lokaci Dumile ya rasa ɗan'uwa, ya rasa aiki. Ya ɓace daga fagen waƙa kusan shekara uku, har takan kai shi ga kwana a kan benci a titunan Manhattan.

Da ya dawo, a wajen 1997, sai ya riƙa hawa dandali a wani gidan taron mawaƙa da ake kira Nuyorican Poets Café, fuskarsa a rufe da safar mata. Daga baya ya koma takunkumin ƙarfe, ya ɗauki sunan DOOM daga Doctor Doom, mugun nan na littattafan zane na kamfanin Marvel, wanda ya rufe fuska bayan ta lalace. Da wannan shiga yake nuna cewa masana'antar waƙa ce ta ɓata shi, ya kuma dawo ɗaukar fansa. Yana son a saurari waƙa, a bar kallon mai yin ta. Faifan Operation: Doomsday ya fito a 1999 daga wani ƙaramin kamfani, Fondle 'Em.

Shekarun 2003 zuwa 2005 su ne kakarsa. Ya fitar da Take Me to Your Leader da sunan King Geedorah, da Vaudeville Villain da sunan Viktor Vaughn, kowane suna da halinsa da labarinsa. A 2004 ya haɗu da makaɗi Madlib suka yi Madvillainy, wanda masu sharhi ke sakawa cikin fitattun faya-fayan rap, ko da yake a lokacin fitowarsa bai wuce matsayi na 179 ba a jerin Billboard 200. A shekarar ce kuma ya fitar da Mm..Food, faifan da sunayen waƙoƙinsa suka danganci abinci.

Salonsa ya bambanta da na kasuwa. Waƙoƙin gajeru ne, galibi babu amshi. Yakan jera amsa-amo a tsakiyar layi har da ƙarshensa, da murya mai kauri kamar mai hira, yana cuɗa barkwanci da habaici, yana kuma tsarma muryoyin tsofaffin finafinan zane a cikin kiɗan. Ya sha suka saboda tura wasu su sa takunkumin su hau dandali a madadinsa, bayan mutane sun biya kuɗin shiga.

A 2010, bayan wani rangadin waƙa a Turai, hukumomin Amurka suka hana shi komawa, domin duk tsawon zamansa bai taɓa samun takardar zama ɗan ƙasa ba. Dole ya zauna a Ingila, nesa da matarsa da ƴaƴansa na wani lokaci. Can ya yi Key to the Kuffs a 2012. A 2017 ɗansa ya rasu yana da shekara 14.

DOOM ya rasu ranar 31 ga Oktoba 2020 a birnin Leeds, yana da shekara 49. Sai ranar 31 ga Disamba matarsa ta sanar da duniya. Binciken da aka yi a 2023 ya nuna cewa kumburin harshe da maƙogwaro, sakamakon wani maganin hawan jini, shi ne ajalinsa. Mawaƙa irin su Earl Sweatshirt da Tyler, the Creator sun bayyana shi a matsayin wanda suka koya daga gare shi.