Sunan "Mama" a Bakin Masu Kallo: Daga Japan zuwa Kannywood

Masu kallo kan raɗa wa abin da suke so suna, kuma sunan kan tona abin da ke zukatansu. A shekarar 1971 likitan ƙwaƙwalwa Takeo Doi ya fitar da littafi kan kalmar Japananci "amae", wato shagwaɓa da dogaron da yaro ke yi ga uwa, yana ganin ɗabi'ar tana bin mutum har girmansa. Bayan shekaru arba'in da 'yan kai, masoya fina-finan zane na Japan, waɗanda ake kira anime, suka ƙirƙiro "babumi" a intanet daga gwalantun jarirai, don bayyana yadda tauraruwa mai tausayi kan sa baligi ya ji kamar ya koma goyo.

Ƙasar Hausa ta san irin wannan tun da daɗewa. Daga fitowar Turmin Danya a Kano a 1990, uwa ta zama ginshiƙin fim ɗin Hausa, daga zamanin kaset zuwa yau da matasan Dutse, Kiyawa da Birnin Kudu ke karɓar fina-finai a waya wajen masu turawa. Siffa biyu ta fi fitowa da ita: mai haƙuri da sa albarka, da kuma suruka ko kishiyar uwa mai hana ruwa gudu. Hajara Usman da Hadizan Saima sun shahara a matsayin iyaye, yayin da Saratu Giɗaɗo ta mallaki fagen masifa da makirci. Duk da haka, da ta rasu a Kano ranar 9 ga Afrilu, 2024, da "Mama Daso" jama'a suka yi ta ambatonta cikin alhini.

Sai dai sunan girmamawa ba ya cika tukunya. A Fabrairun 2022 Ladin Cima, wadda ta tsufa tana fitowa a matsayin uwa da kaka, ta shaida wa shirin Daga Bakin Mai Ita na BBC Hausa cewa 'yan dubban naira kaɗan ake ba ta idan ta yi fim. Wasu masu shirya fina-finai suka musanta, muhawara ta ɓarke, mutane suka shiga tara mata gudummawa. Abin da rikicin ya bankaɗo shi ne al'adar kallon aikin dattijuwa a matsayin hidimar uwa, wadda ake saka wa da godiya da ɗan abin goro, ba sana'a mai farashi ba.

A nan Japan ke da abin koyarwa. A duniyar VTuber, wato masu watsa shirye-shirye a YouTube da fuskar zane, wadda ta bunƙasa bayan bayyanar Kizuna AI a 2016, "mama" na nufin mai zanen da ya ƙirƙiri siffar tauraruwar, namiji ne ko mace. Ana rubuta sunansa a fili, masoya su bi aikinsa, kalmar ta zama shaidar haƙƙi da asali.

Bahaushe ya ce yaba kyauta tukwici. Iyayen Kannywood da suka rage sun cancanci yarjejeniya a rubuce da lada tsayayye, domin wadda ake kira Mama a allo tana da haya da magani da jikoki a gida.