Moussa Hamidou da Sana'ar Ɗaukar Sauti a Nijar

Sana'ar ɗaukar sautin fim ta kafu a Nijar bayan fitowar Nagra, rakoda mai sauƙin ɗauka da Stefan Kudelski ya ƙera a Suwizalan a 1951. Da ita aka riƙa naɗar murya a wurin da ake ɗaukar hoto. Moussa Hamidou na cikin 'yan ƙasar na farko da suka ƙware a wannan aiki, yana aiki tare da mai shirya fim Bafaranshe Jean Rouch. A 1971, a ƙauyen Simiri, shi ya riƙe makirufo yana bin mai kyamara sau da ƙafa, ya naɗi gangunan wasan iskoki na fim ɗin Tourou et Bitti. Shi ne kuma mai sautin fim ɗin Cocorico Monsieur Poulet na 1974.