Injin wanki mai buɗewa ta sama: Yadda yake aiki da abin da yake ci na ruwa da wuta a Kano

A gidajen Nassarawa GRA, daga titin Ahmadu Bello zuwa titin Sultan, injin wanki ya daɗe da shiga sahun firij da talabijin, yanzu kuma ya fara isa gidajen ma'aikata da sababbin ma'aurata a sauran unguwannin Kano. Wanda aka fi gani a Kasuwar Sabon Gari da kantunan kayan lantarki shi ne mai murfi a sama, daga kamfanoni irin su LG da Hisense da Haier Thermocool. Masu saye kan fi tambayar yawan wutar da yake ja, alhali a Kano ruwa da rashin daidaituwar wuta ne suka fi yanke hukunci kan ko injin zai daɗe ko zai zama kayan ado a lungu.

Daga ina ya samo asali?

An fara sayar da injin wanki mai aiki da lantarki a Amurka tun farkon ƙarni na 20. A 1922 kamfanin Maytag ya fito da samfuri mai juya kaya daga tsakiyar tukunya, a 1953 kuma kamfanin Sanyo na Japan ya yaɗa mai faifai, wanda shi ne kakan mafi yawan injinan da ke shigowa Najeriya daga Asiya a yau. Masanin tattalin arziki Ha-Joon Chang na Koriya ta Kudu ya yi fice da ra'ayin cewa injin wanki ya canja duniya fiye da intanet, saboda sa'o'in da ya ƙwato wa mata suka shiga karatu da aikin albashi.

Yadda yake aiki

Tukunya biyu ce a cikinsa, ɗaya cikin ɗaya. Ta waje ce ke riƙe ruwa, ta ciki kuwa mai ƙananan huji ce kamar gwagwa, a nan ake zuba kaya. A ƙarƙashinsu akwai moto mai juya su, ko dai ta hanyar bel ko kai tsaye.

Abin da ke yin wankin iri biyu ne. Na farko sanda ce mai fukafukai a tsakiyar tukunya, tana juyawa dama da hagu kamar maburgi a tukunyar miya. Tana fitar da dauɗa sosai, amma tana wahalar da yadi. Na biyu faifai ne a gindin tukunya, yana kaɗa ruwa ya sa tufafi su cuɗi juna. Wannan ya fi sauƙi ga yadi, ya kuma fi barin wurin zuba kaya.

Idan aka kunna mai sarrafa kansa, bawul zai buɗe ruwa ya shiga, wata ƙaramar na'ura mai auna nauyin ruwa ta rufe shi idan ya kai matakin da aka zaɓa. Sai wanki, sai zubar da ruwan sabulu, sai ɗauraya, sai matsa. A matakin matsa, tukunyar ciki kan yi juyi kusan 700 a minti ɗaya, ƙarfin juyin ya fitar da ruwa ta hujin nan. Sanduna huɗu masu sifirin ne ke rataye da tukunyar, kuma a bakinta akwai zobe mai ruwan gishiri a rufe domin rage jijjiga. Shi ya sa ake jin motsin ruwa a cikin sabon inji. Ba ragowar wankin wani ba ne.

Akwai kuma mai tukunya biyu gefe da gefe, ɗaya ta wanki ɗaya ta matsa. Mutum ne ke zuba ruwa da bokiti, ya kuma kwashe kaya daga wannan zuwa waccan. Ya fi araha, ba ya buƙatar ruwan famfo mai ƙarfi, kuma idan aka ɗauke wuta maɓallinsa na murɗawa ne kawai, babu kwamfutar da za ta rikice.

Lissafin wuta

A watan Afrilun 2024 hukumar NERC ta ƙara kuɗin wutar masu layin Band A, waɗanda aka yi wa alkawarin sa'o'i 20 a rana, zuwa naira 225 kowane yunit, daga baya farashin ya koma naira 209.5 a watan Yuli. Yawancin injina masu buɗewa ta sama ba sa dafa ruwa, don haka motonsu kan ja wat 300 zuwa 500 ne kawai. Inji mai wat 400 da ya yi sa'a guda cur yana aiki ya ci yunit 0.4, wato kimanin naira 84 a wancan farashi. Dutsen guga ya fi shi jan wuta nesa ba kusa ba.

Matsalar tana wajen ingancin wutar. An ƙera injinan ne domin bolt 220 zuwa 240. Idan wuta ta zo da rauni, moto kan yi gurnani ya yi zafi, idan kuma ta dawo da ƙarfi bayan ɗaukewa, tana iya ƙona fanel, wanda gyaransa ke da tsada. Saboda haka sitabilaiza wajibi ce, kuma a zare filogi da zarar wuta ta ɗauke. A lokacin tashi moto kan ja ninkin abin da yake ci yana tafiya, shi ya sa ƙaramin janareto ke shaƙewa idan aka haɗa shi da injin. Mai sola kuwa gara ya yi wanki da hantsi zuwa azahar, lokacin da rana ke ciyar da injin ba batir ba.

Lissafin ruwa

Nan ne inda gizo ke saƙar. Wanki ɗaya a cikakken inji kan sha lita 100 zuwa 150, kusan ninki biyu na abin da mai buɗewa ta gaba ke sha. A ma'aunin 'yan garuwa, jarka huɗu zuwa shida ke nan masu lita 25. Matatun Challawa da Tamburawa ba su wadatar da birnin ba, shi ya sa gidaje da yawa, har a unguwar da Gidan Gwamnati yake, suka dogara da rijiyar burtsatse da tanki. Wanda ke da burtsatse yana biyan kuɗin ruwansa ne a wutar famfo, wanda ba shi da ita kuwa a hannun mai kura.

Mai sarrafa kansa yana son ruwa mai ƙarfi. Tankin da bai ɗara injin da mita uku zuwa biyar ba kan sa cikawa ta ɗauki lokaci, har injin ya tsaya yana ƙara. Yashin burtsatse kuma kan toshe 'yar rariyar da ke bakin tiyon shigar ruwa. A riƙa cire ta ana wankewa. Ruwan ɗaurayar ƙarshe ba na zubarwa ba ne, ana iya tara shi domin wanke tsakar gida ko banɗaki.

Amfani da shi yadda ya kamata

Kilo bakwai ko goma da aka rubuta a jikin inji nauyin busassun kaya ne. Kada a cika tukunya fiye da kashi uku cikin huɗu, kuma a warwatsa kayan, kada a danna su. Idan nauyi ya taru gefe guda, injin zai yi ta buga jikinsa lokacin matsa. A ajiye shi a ƙasa mai daidai, cikin inuwa, a rufe shi da ƙyalle lokacin ƙurar hunturu.

A lalube aljihu kafin a zuba kaya, domin tsabar kuɗi da allurar mayafi da makulli ne ke lalata famfon fitar da ruwa. A zuba garin sabulu gwargwadon awo. Kumfa mai yawa ba ita ce tsabta ba, illa ta ƙara cin ruwan ɗauraya ta bar fari-fari a jikin kaya. Tufafin da najasa ta taɓa, kamar na jarirai, a fara ɗauraye su daban.

Ba kowane kaya ne na inji ba. Babbar riga mai aikin hannu da leshi mai duwatsu da hular zanna sun fi son hannun mai wanki da guga. Shadda mai maiƙo kan rasa sheƙinta idan ta sha juyi. Yadin rinin shuni irin na Ƙofar Mata da sabuwar atamfa kan zuba, don haka a ware su daga fararen kaya. Mayafi da hijabi a sa su cikin jakar raga, kada su naɗe a sandar tsakiya.

Bayan an gama, a bar murfi a buɗe tukunya ta bushe, a kwashe zaren da ya taru a jakar tacewa, kuma sau ɗaya a wata a kunna injin babu kaya domin ya wanke kansa.

Haɗarin da ake rainawa

Gidaje da yawa ba su da wayar atin mai kai wutar da ta ɓalle cikin ƙasa. Injin da ke ɗan jan mutum idan an taɓa shi yana ba da gargaɗi ne, sai a kashe a kira mai gyara, kuma kada a taɓa shi da jiƙaƙƙen hannu ko ƙafa babu takalmi. Kada a sa hannu a tukunyar matsa sai ta tsaya cak, kada kuma a bari mai gyara ya cire makunnin da ke tsayar da inji idan an ɗaga murfi. Tukunya cike da ruwa tana iya halaka ƙaramin yaron da ya taka kujera ya leƙa, saboda haka ba a barin kaya a jiƙe cikin inji inda yara ke wasa.

Wanda zai saya, ya fara duba gidansa kafin ya duba kanti. Idan akwai tanki a sama da wuta mai ɗan tsayawa, mai sarrafa kansa zai yi. Idan da jarka ake sayen ruwa, wuta kuma sai an gani, mai tukunya biyu ya fi dacewa, domin shi ne ke jure halin da wuta da ruwa suke ciki a Kano.