Martin Böttcher da Kiɗan Finafinan Kaboyi na Jamus

Masu rubuta tarihin sinima a Jamus ta Yamma bayan Yaƙin Duniya na Biyu sukan fi mai da hankali kan daraktoci da jarumai, alhali kuwa kaso mai yawa na abin da ya zauna a zukatan masu kallo ya fito ne daga hannun masu tsara kiɗa, wato waɗanda ke ƙirƙirar sautin da ke rakiyar hoto, su rubuta shi, su raba wa kowane makaɗi abin da zai kaɗa. A cikinsu kaɗan ne aikinsu ya yi tsawon rai kamar na Martin Böttcher, wanda aka haifa a Berlin a 1927, ya rasu a 2019.

Tun yana yaro ya yi wata faɗuwa da ta kashe masa kunnen hagu, kuma burinsa na farko shi ne tuƙin jirgin sama, har ya fara samun horo a rundunar sojan sama ta Jamus dab da ƙarshen yaƙin. A sansanin fursunonin yaƙi ne jita ta shigo hannunsa, ya koya wa kansa kaɗa ta, da aka sake shi kuma ya nufi Hamburg, inda ya samu gurbi a rukunin makaɗan gidan rediyon NWDR, wanda aka kafa a yankin da Birtaniya ke riƙe da shi. A nan ya ƙware a jaz, kiɗan da ya samo asali daga baƙaƙen fatar Amurka, wanda gwamnatin Nazi ta tsana ta kuma yi ƙoƙarin hana shi. A nan ne kuma ya koyi ainihin sana'ar, domin ya riƙa karɓar ɗanyen karin da tsofaffin hannu irin su Michael Jary da Hans-Martin Majewski suka ƙirƙira, yana shimfiɗa shi a kan kayan kiɗa iri-iri har ya zama abin da babban rukuni zai iya kaɗawa.

Fim na farko da ya tsara wa kiɗa da sunansa shi ne Der Hauptmann und sein Held na 1955, amma wanda ya fito da shi fili shi ne Die Halbstarken na 1956, labarin matasa masu taurin kai a Berlin, wanda Georg Tressler ya ba da umarni, Horst Buchholz ya fito a matsayin jarumi. A wannan shekarar ce gidajen sinima na Jamus ta Yamma suka kai ƙololuwar kasuwarsu, inda aka sayar da tikiti sama da miliyan 800, kuma abin da ya fi tashe a lokacin shi ne Heimatfilm, wato finafinan ƙaunar gida, masu nuna dazuzzuka da ƙauyuka lafiya lau kamar bam bai taɓa faɗa wa ƙasar ba. Böttcher kuwa ya haɗa ƙaramin rukunin jaz don Die Halbstarken, ya shigo da zafin kiɗan da matasa ke rawa da shi. Daga nan ya yi wa finafinan Fada Brown na jarumi Heinz Rühmann kiɗa a 1960 da 1962, haka kuma wasu daga cikin finafinan binciken laifi da kamfanin Rialto ya gina kan littattafan marubuci Edgar Wallace.

Furodusan Rialto, Horst Wendlandt, shi ne ya ba shi aikin da ya zama tambarinsa. A 1962 kamfanin ya fitar da Der Schatz im Silbersee, fim ɗin kaboyi da aka ɗauko daga littafin Karl May, marubucin da ya rasu a 1912, wanda ya ƙaga labaran Winnetou sarkin ƙabilar Apache da amininsa Bajamushe Old Shatterhand tun kafin ya taɓa sa ƙafa a Amurka. Harald Reinl ne ya ba da umarni, Bafaranshe Pierre Brice ya fito a Winnetou, Ba'amurke Lex Barker a Old Shatterhand, aka kuma ɗauki fim ɗin a duwatsu da tafkunan Yugoslabiya, a yankin da yanzu ake kira Kuroshiya. Ke nan babu abin da ke na Amurka a wurin sai jarumi ɗaya, kuma nauyin haɗe wannan kwashe-kwashe ya zama duniya guda mai shiga rai ya faɗa kan mai kiɗa.

Hanyar da ya bi ta sha bamban da ta finafinan kaboyin Amurka, waɗanda suka saba da kiɗa mai sukuwa da amon ƙaho. Karin da ya tsara wa Old Shatterhand yana tafiya ne a hankali: tarin biyolin, kayan kiɗa mai tsirkiya da ake gogawa kamar goge, suna jan dogon layi mai faɗi, harmonika, ƙaramin abin busa da ake zurawa a kan leɓe, tana ɗaukar karin ita kaɗai, jita kuma tana bugawa a ƙarƙashi da taku mai kama da tafiyar dokin da ba a matsa masa ba. Abin da ke cikinsa bege ne da kewa, kuma ba shi da wuya a gane dalilin da ya sa ya kama mutanen da shekara 17 kacal ke tsakaninsu da yaƙin da ƙasarsu ta tayar, domin fim ɗin ya ba su Bajamushe mai amana da zaman lafiya, kiɗan kuma ya ba su damar yin juyayi ba tare da an ambaci abin da ake juyayi ba. Wannan sauƙi yana da nasa aibi, tun da Apache na Karl May mutanen mafarki ne, ba su da kama da 'yan asalin Amurka da aka ƙwace wa ƙasa. Duk da haka faifan karin ya yi makonni a saman jerin waɗanda aka fi saye, abin da ba kasafai kiɗan fim marar waƙa ke samu ba a lokacin, fim ɗin kuma ya zama na farko da ya karɓi kyautar Goldene Leinwand, wadda ake bai wa fim ɗin da ya tara masu kallo miliyan 3. Böttcher ya ci gaba har ya tsara kiɗan finafinan Karl May guda 10, na ƙarshe a 1968.

A watan Fabrairun 1962 ɗin nan ne matasan masu shirya fim 26 suka sa hannu kan sanarwar Oberhausen, inda suka yi shelar mutuwar tsohuwar sinima, kuma masu sharhi da suka bi sahunsu sun daɗe suna raina irin waɗannan finafinai da duk wanda ya yi aiki a cikinsu. Rainin bai yi wa mai kiɗan adalci ba, domin tsara karin da mutum zai ji sau ɗaya ya riƙe shi shekaru gwaninta ce da ba kowa ke da ita ba. Amma talabijin ce ta karya kasuwar, ta riƙe jama'a a gida har gidajen sinima suka yi ta rufewa, Böttcher kuwa ya bi masu kallonsa can, ya yi wa shirin Sonderdezernat K1 da wasu sassan Derrick da Der Alte kiɗa, daga baya Forsthaus Falkenau, sannan Pfarrer Braun da aka fara nunawa a 2003, lokacin da ya haura shekara 75.