Rawar Koroso Daga Dandali Zuwa Talabijin Da Fim

1.0 Gabatarwa

Kalmar koroso suna ce ta kacau-kacau ɗin da masu rawa ke ɗaurawa a ƙafa. Daga baya ma'anarta ta faɗaɗa, ta ƙunshi rawar da kiɗanta da kuma ƙungiyar masu yin ta. Wannan maƙala za ta bi sawun 'yan Koroso na Kano daga dandali zuwa talabijin da fim.

2.0 Asali

Koroso ba daɗaɗɗiyar rawa ba ce. A farkon shekarun 1970 aka tsara ta a Kano, ta hanyar harhaɗa taken rawar Fulani da ta Hausawa, domin shiga bukukuwan al'adu na ƙasa. Samari da 'yan mata kan jeru bibbiyu, su taka rawa bai ɗaya bisa amon sarewa da lalajo da duman girke. Daga bisani ƙungiyar ta zauna ƙarƙashin Hukumar Tarihi da Al'adu ta Jihar Kano da ke Gidan Ɗan Hausa.

3.0 Talabijin Da Fim

Buɗe gidan talabijin na tarayya a Kano a 1976, da na jiha, wato CTV 67, a 1982, ya kai rawar cikin gidajen jama'a, har matan kulle da ba sa zuwa dandali suka san ta. Da Turmin Danya na ƙungiyar Tumbin Giwa ya buɗe ƙofar finafinan bidiyo a 1990, kiɗan Koroso na daga cikin waɗanda masu shirya finafinan farko suka dogara da su.

Sai dai wannan tagomashi bai ɗore ba. Daga tsakiyar shekarun 1990 fiyano samfurin Yamaha ta mamaye ɗakunan ɗaukar sauti, domin mutum ɗaya kan fitar da amon da a dā sai an tara makaɗa da dama. A fim ɗin Sangaya na 1999 an ji amo mai kama da sarewa, amma daga fiyano ya fito. Ita kuwa rawar finafinai, sai ta karkata ga salon Indiya.

4.0 Kammalawa

Ke nan fim ya ari muryar Koroso, ya bar masu ita a dandali. Abin da ya rage ga manazarta shi ne tattara sunayen take da na taku daga bakin tsofaffin 'yan ƙungiyar tun suna raye.