Gulbin Maraɗi: Ƙaramin Kogin Da Ya Karɓi Sarautu Biyu

'Yan uwa masu karatu, yau ina son mu leƙa wani kogi da ba kasafai ake ambatonsa a aji ba, wato Gulbin Maraɗi.

Gulbin nan yana tasowa ne daga ƙasar Katsina, ya bi ta Jibiya, ya tsallaka iyaka zuwa Jamhuriyar Nijar. Daga nan sai ya ratsa Madarunfa da Maraɗi da Tsibiri da Gidan Rumji, sannan ya karkato kudu ya koma Nijeriya, ya zuba a Gulbin Rima. A duk tafiyarsa ba ya yin nisa da iyakar ƙasashen biyu. Kuma ba ya gudu sai da damina. Wanda ya zo da rani, rairayi kawai zai tarar, sai rijiyoyin da masu lambu suka haƙa a cikin fadama, domin ruwan yana nan kusa a ƙarƙashin ƙasa.

To, wannan fadamar ita ce ta jawo tarihi zuwa bakinsa. A 1807 birnin Katsina ya faɗa hannun mutanen Shehu Usmanu ɗan Fodiyo, Umarun Dallaji ya zama sarki. Gidan tsohuwar sarauta ya yi gudun hijira arewa, kuma wajen 1819 Ɗan Kasawa ya kafa mulkinsa a Maraɗi. Me ya sa nan? Kwarin yana da dausayi mai ciyar da mutane da dawakai, a wancan zamanin kuma kurmi ne mai duhu, wanda mahayin doki ba ya son kutsawa cikinsa. Gobirawa ma, waɗanda suka rasa Alƙalawa a 1808, nan suka ƙare. Bayan yaƙin Gawakuke na 1836, inda Sarkin Musulmi Muhammadu Bello ya yi nasara aka kashe Sarkin Gobir Ali da Sarkin Maraɗi Rauda, sai suka kafa Tsibiri, tafiya kaɗan daga Maraɗi. Har yau sarkin Maraɗi Sarkin Katsina ake ce masa, na Tsibiri kuma Sarkin Gobir.

A nan ne nake ganin mu malaman Islamiyya muna gajarta wa ɗalibanmu labari. Mukan tsaya a nasarar jihadi, kamar waɗanda aka ci da yaƙi ƙasa ta haɗiye su. Alhali suna nan a bakin wannan gulbi, sun shafe shekaru da dama suna kai wa Katsina hari ana kai musu, kuma jikokinsu ne alhazan Maraɗi da malamanta na yau, waɗanda muke sahu ɗaya da su a masallaci. Lokacin da Ingila da Faransa suka shata iyaka a farkon ƙarni na 20, mafarin gulbin ya faɗa gefe ɗaya, tsakiyarsa ta faɗa ɗaya gefen.

Gulbin bai bar mutanensa su manta da shi ba. A 1945 ya yi ambaliyar da ta rushe tsohon garin Maraɗi da ke cikin kwari, dole aka tayar da gari aka mayar da shi kan tudu, aka shata masa tituna miƙaƙƙu. Tsibiri ma haka ta same ta.

Daga baya aka gina madatsar ruwa a Jibiya, ruwan da ke gangarawa ya zama abin da gwamnatoci biyu suke zama a kansa. Manomin zogale a Jiratawa da masuncin tafkin Madarunfa duk suna sa ido kan abin da za a sako daga kudu. Shi kuwa tafkin, mutanen wurin suna cewa kaburburan waliyyai 99 ne suke kewaye da shi, kuma ana taruwa a can duk watan Maulidi.