Curt Siodmak, Mutumin da Ya Tsara wa Dodo Dokokinsa

Yawancin masu kallon finafinan ban tsoro sun ɗauka dokokin mutum mai rikiɗa kerkeci tsofaffin camfe-camfen Turai ne tsantsa. Alhali da yawansu wani Bayahude ɗan gudun hijira ne, Curt Siodmak, ya daidaita su a takarda.

An haife shi a Dresden ta Jamus a 1902. Da 'yan Nazi suka karɓi mulki a 1933 sai ya tattara ya bar ƙasar, ya zauna Ingila, daga baya ya sauka Amurka a 1937, yana rubutu da harshen da ba nasa ba. A 1941 kamfanin Universal ya fitar da The Wolf Man, labarin da ya rubuta, Lon Chaney Jr. ya fito a matsayin Larry Talbot. Cizo ɗaya ya mayar da Talbot dabba, sanda mai kan azurfa ce ajalinsa, kuma tauraro kan bayyana a tafin hannun wanda zai kashe. Wannan tauraron ne ya fi tsaya mini a rai, tunda a shekarar ne aka tilasta wa Yahudawan Jamus liƙa tauraro a riga. Talbot kuwa mutumin kirki ne, ƙaddara ce kawai ta afka masa, shi ya sa tausayinsa ya fi tsoronsa kama mai kallo.

Littafin Siodmak, Donovan's Brain na 1942, an sha mayar da shi fim. Ya rasu a Kalifoniya a 2000, yana da shekara 98.